Bakwai da babu a zagaye na tara: mene ne ya kayar da Jami'ar Minnesota a 1973?

Baban Khadija:
Assalamu alaikum, jama'ar wannan zaure. Tun da na zo garin Minneapolis da zama na lura cewa idan dattawan unguwarmu suka ɗauko hirar ƙungiyar besbol ta Jami'ar Minnesota, ba sa daɗewa a kan shekarun da ta ci kofin jami'o'in Amurka, wato 1956 da 1960 da 1964. Hirar takan gangara ne zuwa 1973, shekarar da kofin ya kuɓuce musu. A watan Yunin wannan shekara ƙungiyoyi takwas suka hallara a filin Rosenblatt da ke Omaha a jihar Nebraska, garin da ake yin gasar ƙarshe a cikinsa tun 1950. Minnesota ta haɗu da Jami'ar Kudancin Kalifoniya, wadda aka fi sani da USC, mai riƙe da kofin shekara uku a jere. Wani dogon saurayi mai suna Dave Winfield ne ya yi wa Minnesota jifa, kuma a zagaye takwas na farko ya fitar da mutum 15 ba tare da sun iya buga ƙwallon cikin fili ba, bugu ɗaya tak mai kai mutum zango aka samu a kansa. An shiga zagaye na tara Minnesota tana da maki 7, USC ba ta da ko ɗaya. Da aka tashi, USC tana da 8, Minnesota tana nan da 7 ɗinta. Tambayata ita ce, laifin wa ke nan? Ni dai a ganina masu horarwa ne suka bar yaron ya yi ta jifa har hannunsa ya mutu.

Hajiya Umma:
Wa alaikumus salam. Baban Khadija, kafin a fara raba laifi, a taimaka wa irinmu da ba mu san wasan ba sai a talabijin. A ƙwallon ƙafa idan ƙungiya tana gaba da ci bakwai saura minti biyar, magana ta ƙare, domin lokaci ba zai isa a farke ba. Ta yaya za a ci maki takwas a zagaye guda, kuma a ƙarshen wasa?

Malam Ɗan Katsina:
Hajiya, tambayarki ita ce ƙofar maganar baki ɗaya. Wasan besbol ba shi da agogo. Ana yin zagaye tara, a kowane zagaye kuma kowace ƙungiya tana samun damar bugu, ba za ta sauka ba sai an fitar da 'yan wasanta uku. Mai jifa yana tsaye a kan ɗan tudu a tsakiyar fili, ya jefo ƙwallo, mai bugu ya yi ƙoƙarin maka ta da kulki, sa'an nan ya ruga zuwa zango na farko. Zangon uku ne, na huɗunsu shi ne gida, inda ya taso. Duk wanda ya kewaye su ya dawo gida ya ci wa ƙungiyarsa maki ɗaya. Ana fitar da mutum idan ya kasa buga jifa uku masu kyau, ko aka cafe ƙwallonsa tun ba ta taɓa ƙasa ba, ko ƙwallon ta riga shi isa zango.

Saboda haka wanda yake gaba ba shi da hanyar ɓata lokaci. Ba zai riƙe ƙwallo a gefen fili ba, ba zai kwanta ya ce ƙafarsa ta yi ciwo ba. Dole ya fitar da mutum 27 a wasan, kuma idan ya fitar da 26 ya kasa fitar da na ƙarshe, abokan hamayya za su yi ta bugu suna ci har su wuce shi. Idan akwai wasan da ya dace a ce ba a san maci tuwo ba sai miya ta ƙare, to wannan ne.

Hajiya Umma:
Na gode, Malam, yanzu na gane. Ke nan mutum uku kawai suka rage wa Minnesota ta fitar, ta kasa.

Abu Yusuf:
Haka ne, Hajiya, amma ina so in gyara wa Yayana Baban Khadija wani abu kafin ya ɗora laifin a kan mai horarwa. Dick Siebert, wanda shi ne ya kai Minnesota ga waɗancan kofuna uku, bai ga ƙarshen wannan wasa daga wurin zaman 'yan wasa ba. A cikin zagaye na taran an buga wata ƙwallo a ƙasa wadda 'yan Minnesota suka ɗauka sun fitar da mutum biyu da ita a lokaci guda, sai alƙalin da ke zango na farko ya ce mai gudun ya riga ƙwallon isa. Siebert ya fito ya yi gardama, aka kore shi daga fili. Da a ce an yanke hukuncin kamar yadda suka so, da saura mutum ɗaya a tashi. Ni a wurina nan ne wasan ya juya, ba a hannun Winfield ba.

Injiniya:
Abu Yusuf, da kai da Baban Khadija duk kun kama reshe kun bar tushe. Bari in yi doguwar magana, ku yi mini haƙuri.

Mu ɗauka alƙalin ya yi kuskure. Kuskuren nasa mutum ɗaya ya bari a zango. Bai ba USC maki takwas ba. Ƙungiyar da take gaba da maki bakwai tana iya yafe maki biyu, ko huɗu, ko ma shida, ta kuma tashi da nasara. Abin da ya kamata mu tambaya shi ne me ya sa da Winfield ya gaji aka mai da shi gefen hagu na bayan fili, waɗanda suka karɓe shi suka kasa tsayar da ɓarnar. Amsar tana cikin sauran wasannin da Minnesota ta buga a Omaha. A wasanta na farko ta doke Oklahoma da ci 1 da babu, Winfield ne ya yi jifa, ya fitar da mutum 14. A na biyu, da ba shi ne mai jifa ba, Jami'ar Jihar Arizona ta doke ta ba ta ci ko maki ɗaya ba. Ta tsira a na uku a kan Georgia Southern, sa'an nan aka sake miƙa wa Winfield ƙwallo bayan hutun 'yan kwanaki kaɗan. Kuma ku tuna ba jifa kaɗai yake yi ba, yana cikin manyan masu bugun ƙungiyar, ranar da ba ya jifa kuma yana tsaron bayan fili. Wannan ita ce ƙungiyar da ta ɗora jinka a kan hannu ɗaya.

Yanzu ku dubi ɗaya ɓangaren. A cikin jerin masu bugun USC akwai Fred Lynn, wanda shekara biyu bayan haka, a 1975, ya zama gwarzon sabbin 'yan wasa kuma gwarzon rukuninsa gaba ɗaya a kaka guda tare da Boston Red Sox, abin da babu wanda ya taɓa yi kafinsa. Akwai Roy Smalley, wanda ya daɗe yana bugawa a babbar gasa, wato gasar ƙwararrun besbol ta Amurka, har ma ya yi shekaru tare da Minnesota Twins. Akwai Rich Dauer, wanda ya ci kofin babbar gasar, wato World Series, da Baltimore Orioles a 1983. Irin waɗannan mutane ana iya danne su sau uku a wasa guda idan mai jifa yana kan ganiyarsa, amma a karo na huɗu sun riga sun ga salon jifansa, sun auna saurinsa, shi kuma ƙarfinsa ya fara raguwa. Mai horarwa yana barin mai jifansa ya wuce ƙa'ida ne idan ya waiwaya bai ga wanda ya amince da shi ba. Don haka ko zargin da Baban Khadija ya yi, idan aka bi shi a hankali, nan zai dawo.

Baban Khadija:
Injiniya, na ji hujjarka, amma ban sauka daga tawa ba tukuna. Wanda ya fitar da mutum 15 da jifa uku-uku ya jefa ƙwallo da yawa ƙwarai, domin kowane ɗayansu yana cin aƙalla jifa uku, sau da yawa biyar ko shida, alhali wanda ya buga ƙwallo aka cafe yana iya fita da jifa ɗaya. Tazarar maki bakwai ita ce daidai lokacin da ake hutar da babban mai jifa a sa ƙarami ya fara zagaye da fili fayau, babu kowa a zango. Abin da aka yi shi ne an jira har wuta ta kama, zangon sun cika da mutane, 'yan kallo sun tashi tsaye, sa'an nan aka kira wani yaro aka ce ya zo ya kashe. Wannan ba adalci ba ne ga yaron.

Malam Ɗan Katsina:
Alhaji, kana auna 1973 da ma'aunin yau. A wancan zamani ba a ƙirga jifa yadda ake yi yanzu, kuma abin alfahari ne mai jifa ya gama wasan da ya fara. Da Siebert ya cire mutumin da bugu ɗaya kaɗai aka samu a kansa a zagaye takwas, sa'an nan aka sha kashi, da yau dattawan unguwarku suna zaginsa ne a kan cirewar. Ban ce shawararka ba ta fi ba. Na ce babu mai horarwar da zai yi ta a wancan lokaci.

Akwai kuma wani abu da ke ƙara wa labarin nauyi. Kakar 1973 ita ce ta ƙarshe da aka buga gasar jami'o'i da kulkin katako kaɗai, domin a 1974 ne aka amince da na alminiyam. Kulkin katako yana da nauyi, wurin da yake buga ƙwallo da kyau ɗan ƙarami ne, kuma idan jifa ta same shi kusa da mariƙi yakan tsage, ƙwallon ta gangara kusa. Da kulkin ƙarfe irin wannan bugu na iya tsallake masu tsaron ciki. Sakamakon sauran wasannin gasar ma ya nuna haka, 1 da babu, 3 da 1, 4 da 3. Cin maki takwas a zagaye guda da katako a hannu ba ƙaramin abu ba ne.

Ƙanwar Injiniya:
Ina biye da ku tun farko, kuma ina da tambaya ga Yaya Injiniya. Idan har rashin yawan gwanaye ne matsalar, me ya sa USC take da su Minnesota ba ta da su? Dukansu manyan jami'o'i ne, kuma Siebert ya ci kofi uku a baya da 'yan wasan wannan jami'a ɗin dai.

Baban Khadija:
Ƙanwata, wannan kam ni zan amsa, domin a cikinsa nake. Kakar besbol ta jami'o'i tana farawa ne tun hunturu bai gama fita ba. A nan Minnesota a watan Maris, sau da yawa idan na fito da asuba sai na kankare ƙanƙara daga gilashin mota kafin in tashe ta, filayen wasa kuwa suna ƙarƙashin dusar ƙanƙara, idan ta narke kuma su zama taɓo. Na taɓa tsayawa kallon 'yan makarantar sakandare suna atisaye a watan Afrilu, mai jifa yana hura iska a tafin hannunsa kafin kowace jifa saboda yatsunsa sun sandare, mai bugu kuwa duk lokacin da ƙwallo ta sami kulkin ba daidai ba sai ya yar da shi yana yarfe hannu. Ƙungiyoyin arewa suna yin atisaye a cikin gini, sa'an nan su yi tafiya kudu su fara wasa da waɗanda suka riga suka yi makonni a fili. A Los Angeles kuwa yaro yana buga besbol kusan duk shekara tun yana firamare. Ko a yawan wasanni akwai tazara, USC ta gama wannan kaka da nasara 51 da rashin nasara 11, Jihar Arizona ta ci 59, Minnesota kuwa nasararta ta ɗan haura talatin ne kawai.

Injiniya:
Madalla, Alhaji, ka ƙarfafa hujjata da kanka. Ƙanwata, game da kofuna ukun Siebert, ki dubi shekarunsu. Na ƙarshe 1964 ne. A 1966 Jami'ar Jihar Ohio ta ci, kuma tun daga nan babu wata daga cikin tsofaffin jami'o'in rukunin Big Ten, wanda Minnesota take cikinsa, da ta sake ɗaukar kofin. Daga 1967 zuwa 1974 jami'o'i biyu ne kawai suka yi ta karɓa-karɓa: Jihar Arizona a 1967 da 1969, USC a 1968, sa'an nan USC sau biyar a jere daga 1970 zuwa 1974. Rinjaye ya riga ya koma ƙasashen rana kafin Winfield ya shiga jami'a.

Sai kuma mutumin da ke jagorantar USC a lokacin, Rod Dedeaux. Attajiri ne mai kamfanin manyan motocin dakon kaya, an kuma san shi da karɓar dala ɗaya a shekara a matsayin albashin horarwa. Ya ci kofin ƙasa sau 11, idan aka haɗa da na 1948 da suka ci tare da Sam Barry, kuma ya riƙe ƙungiyar har 1986. Wanda ya daɗe haka a wuri guda yana cin kofi, iyaye ne da kansu suke kawo masa 'ya'yansu. Ga jami'ar kuma tana da gwanaye har sun yi mata yawa. Fred Lynn da tallafin karatu na ƙwallon Amurka, wato wasan ƙwallon ƙafa irin na Amurkawa, ya shigo kafin ya koma besbol, Anthony Davis kuwa, tauraron ƙungiyar ƙwallon Amurka da ta ci kofin ƙasa a 1972, yana cikin 'yan besbol ɗin 1973 ba tare da an dogara da shi ba.

Abu Yusuf:
Injiniya, maganar sanyi tana da gaskiya, amma kada a mai da ita maganin kowace cuta. Jami'ar Jihar Oregon ba a ƙasar rana take ba, ruwan sama ne ke damunta duk farkon kaka, amma ta ci kofin a 2006 da 2007 da 2018. Kuma sanyin bai hana Minnesota shiga zagaye na tara da maki bakwai ba. Duk abin da ka lissafa game da Dedeaux da Lynn yana nan a zagaye takwas na farko, bai hana su kasa taɓa ƙwallo ba. Wani lokaci wasa yana juyawa ne a kan hukunci ɗaya, ƙungiya ta ruɗe, mai horar da ita ba ya nan balle ya kwantar mata da hankali.

Injiniya:
Na yarda cewa hukuncin ya taɓa wannan wasa. Abin da ban yarda ba shi ne ya taɓa kofin. Tsarin gasar shi ne sai an doke ƙungiya sau biyu take fita. Minnesota ta zo wasan da rashin nasara ɗaya, USC ba ta da ko ɗaya. Da Minnesota ta riƙe 7 ɗinta, da USC tana nan a cikin gasa, Jihar Arizona ma tana nan, Winfield kuwa ya gama jifa, babu yadda za a yi ya sake hawa tudu washegari da ƙarfinsa. Wa zai yi mata jifa a kan waɗannan ƙungiyoyi biyu, ɗaya ta riga ta hana ta cin ko maki ɗaya? USC ta wuce ta doke Jihar Arizona 4 da 3 a wasan ƙarshe, ta gama gasar ba a doke ta ba.

Hajiya Umma:
To ni abin da ya ɗaure mini kai shi ne na ji an ce Winfield aka ba kyautar gwarzon gasar. Ta yaya wanda ƙungiyarsa ba ta kai wasan ƙarshe ba, kuma a hannunsa wasan ya fara lalacewa, zai karɓi wannan kyauta a gaban waɗanda suka ɗaga kofi?

Malam Ɗan Katsina:
Gaskiya ne, Hajiya, shi aka ba, kuma ni ban ga wanda ya fi shi cancanta ba. A wasa biyu ya fitar da mutum 29 da jifa, a bugu kuma kusan rabin damar da ya samu a gasar ya yi amfani da ita. Nasarar USC kuwa ta rabu ne a hannun mutane da yawa, ba a iya nuna mutum ɗaya a ce shi ne. Kyautar ma da kanta shaida ce ga maganar Injiniya.

Kuma a san ko wane ne ake magana a kansa. Ɗan garin St. Paul ne, maƙwabcin Minneapolis, an haife shi a 1951, tsayinsa ƙafa shida da inci shida. Yana cikin ƙungiyar ƙwallon kwando ta jami'ar da ta ci kofin Big Ten a 1972. A 1973 ƙungiyoyin ƙwararru huɗu a wasanni uku suka zaɓe shi: San Diego Padres a besbol, a matsayi na huɗu a duk ƙasar, Atlanta Hawks da Utah Stars a ƙwallon kwando, sai Minnesota Vikings a ƙwallon Amurka, wasan da bai buga wa jami'ar ba ko sau ɗaya.

Ƙanwar Injiniya:
Malam, to ya ci gaba da jifa bayan ya bar jami'a? Ina tambaya ne saboda maganar Baban Khadija cewa an kashe masa hannu.

Malam Ɗan Katsina:
Bai ci gaba ba, amma ba don rauni ba. Padres bugunsa suke so, kuma mai jifa sau ɗaya yake fita a cikin kwana huɗu ko biyar, mai bugu kuwa kullum. Suka mai da shi mai tsaron bayan fili, kuma ba su tura shi ƙananan rukunai ba kamar yadda ake yi wa kusan kowane sabon ɗan wasa. Ya yi kaka 22 a babbar gasa, ya tara bugu 3,110, daga ciki 465 sun kai shi gida kai tsaye, ya ci kofin World Series da Toronto a 1992, aka shigar da shi zauren gwarazan wasan a 2001. Hannun nasa ya ci gaba da aiki, domin an san shi da jefo ƙwallo daga can bayan fili ya fitar da mai gudu.

Baban Khadija:
To, Injiniya, na sallama maka a kan kofin, ban ga ta inda Minnesota za ta bi ta ɗauke shi ba ko da ta ci wannan wasa. A kan wasan kansa kuwa ina nan a kan bakana, da an canja mai jifa tun farkon zagayen da ba a kai ga gardama da alƙali ba. Minnesota ta sake zuwa Omaha sau ɗaya bayan nan, a 1977, da wani ɗan St. Paul ɗin, Paul Molitor, Siebert kuma ya rasu a 1978. Tun 2024 USC ta shigo rukunin Big Ten, saboda haka yanzu rukuni ɗaya suke da Minnesota, sai dai maƙwabcina dattijo ya ce shi ba zai je kallon su ba.

Abu Yusuf:
Yaya, ka gaishe shi, ka kuma tambaye shi ko a ganinsa mai gudun nan ya riga ƙwallon isa zango. Malam Ɗan Katsina, tambaya ta ƙarshe: tsakanin wancan wasa da shigar Winfield babbar gasa, tsawon wane lokaci ne?

Malam Ɗan Katsina:
Kimanin mako guda. Padres sun zaɓe shi a farkon watan Yuni, tun kafin a fara gasar Omaha, kuma ranar 19 ga Yunin 1973 ya buga musu wasansa na farko. A duk kakanni 22 da ya yi bai taɓa hawa tudu ya yi jifa a wasan babbar gasa ba, saboda haka wancan zagaye na tara da USC shi ne jifansa na ƙarshe.